Yauƙin Kuɓewa a Hannun Ɗan Tauri

Ƙanena ɗan tauri ne, kuma duk Wudil an san da haka. Mu biyu Inna ta haifa, ni Allah ya ba ni baki, shi ya ba shi ƙashi. Tun yana sabon saurayi wani tsoho a Lajawa ya dafa shi, ya ba shi abin da ya ba shi ya sha, sannan ya kafa masa doka guda: kada ya ci yauƙi, kada ya taɓa yauƙi. Kuɓewa, karkashi, lalo, duk sun haramta gare shi, don an ce su ne makarin tauri. Saboda wannan doka Inna ta shekara da shekaru tana ɗora tukunyar miya biyu, tamu da ta Auta. Haka muke kiransa a gida, Auta, ko da yake in ya tsaya a ƙofar zaure sai ya toshe haske.

A zamanin soja tauri wasa ne. In ana biki ko an yi sallah makaɗa su kafa ganga, samari su tuɓe riga, su yi ta gurza wuƙa a ciki da wuya, mata na guɗa, a watse kowa ya tafi gona. Da sojoji suka koma bariki aka ce mulki ya dawo hannun farar hula, mun yi murna, har da ni. Ban san farar hular ma tana buƙatar sojojinta ba. Kafin a je ko'ina masu neman kujera suka gano cewa a kowace unguwa akwai samarin da ƙarfe ba ya ci, kuma ba su da aikin yi. Aka tattara su daba-daba, aka ba su riguna masu hoton ɗan takara, aka ba su abin da ke sa ido ya yi ja. Auta ya zama na gaba-gaba a dabar unguwarmu. Gora yake riƙewa, wata tsohuwar gora mai kai kamar dunƙulen hannu.

Ni a lokacin ina tsaron wani kafe a bakin titi, inda ɗaliban jami'a ke zuwa shiga intanet da buga takardu. Daga ƙofar shagon nan na ga aikin ƙanena da idona wata Juma'a, kasuwa na ci. Ayarin kamfen biyu suka yi kiciɓis a gindin gada, babu mai niyyar kaucewa. Ban ji an yi wata magana ba, sai ƙarar gilasai kawai. Masu rake da masu kifi suka watse, tire na birgima a kwalta. Na hango Auta a tsakiya, babu riga, wani ya kai masa sara da adda a kafaɗa, ko waiwaye bai yi ba. Ya juya gorar nan ya sauke ta a muƙamuƙin wani saurayi. Duk da hayaniyar da ake yi sai da na ji ƙarar, kamar an taka busasshiyar ƙwarya. Saurayin ya zauna a ƙasa yana tare bakinsa da hannu biyu, haƙora na zubowa ta tsakanin yatsunsa. Da yamma Auta ya shigo gida da jinin wani a wandonsa, ya wanke hannu, ya ci tuwo. Na zage shi tas, na haɗa da ɗan takararsa da uwar da ta haifi ɗan takarar. Inna ta yi ta kuka a madafa. Shi ko kai bai ɗaga ba.

Ashe abin ya tsaya masa a wuya. Saurayin nan ɗan wani mai gyaran keke ne da Auta ya sani, kuma tun daga ranar sai dai a ɗura masa koko da cokali. Bayan wasu makonni Auta ya same ni a shago, ya ja kujera ya zauna, abin da bai taɓa yi ba.

"Yaya, na gaji," ya ce.

"To ka bari mana. An ɗaure ka ne?"

Ya dube ni kamar na faɗi maganar yara. Kuma gaskiyarsa. Daba ba aikin gwamnati ba ce da za ka rubuta takardar ajiye aiki. Akwai wani da ya gwada, ya ce ya tuba ya koma ɗinki. Aka bi shi har shagon aka yanke masa kunne, aka ajiye masa a kan keken ɗinkin. Uban dabarsu, wani siriri mai sanyin murya da ba ya ɗaga hannu sai ya gama murmushi, ya sha faɗa cewa muddin ƙarfe ba ya cin ka, to kai nasu ne. Ga kuma zaɓe ya ƙarato. Na san in Auta ya shiga wannan zaɓen, ko ya kashe ko a kashe shi, don yanzu har bindigar gida ake ɓoyewa a but ɗin mota, ita kuwa babu ruwanta da tsohon Lajawa.

Maganar takarda daga gefe ta shigo. Wani ɗalibin aikin gona ya tashi ya bar shafi a buɗe a kwamfuta, ni kuma gulma ta sa na karanta. Labarin yadda mutanen Japan ke yin takarda da hannu ne. Suna da wata bishiya da suke kira kozo, su ɓare ɓawonta, su kankare, su dafa da ruwan toka, su wanke a rafi, sannan su yi ta jibga da sanda har ya zama kamar auduga. Sai su zuba a ruwa, su haɗa da yauƙin saiwar wani tsiro, su tsoma rariya su ɗago, takarda ta kwanta a kai. Na ga hoton tsiron nan na yi dariya ni kaɗai a shago, don furensa da ganyensa kamar an cire daga gonar kuɓewa. Ɓawon kuwa, ai mu 'ya'yan mai igiya ne. Mahaifinmu, Allah ya jiƙansa, rama yake nomawa a Kausani yana tuƙa igiya, kuma tun kafin mu iya wanka muka iya ɓare rama. Na ce a raina, in Japan na da kozo, mu muna da rama, muna da kuɓewa, ga kogi a bayan gida.

Na jawo Auta cikin aikin don ya rage zaman daba, kuma don ni in na ɗaga taɓarya sau kaɗan sai haki. Muka sari rama, muka ɓare, muka dafa a rabin duro da tokar murhun Inna, muka kai kogi muka wanke. Da aka zo jibga sai ya ɗauko gorarsa. Na ce ya nemi wani icen, ya ce wannan ce ta san hannunsa. Ya shimfiɗa ɓawon a kan wani faffaɗan dutse a tsakar gida ya fara. Ban taɓa ganin duka irin wannan ba. Haƙoransa a cije, jijiyoyin wuya a waje, gumi na tsiyaya, kowane bugu sai kajin Inna sun zabura. Maƙwabta suka leƙo ta katanga suna zaton wani ake kashewa. Ya yi ta dukan abin nan har ya daina kama da ɓawo, ya koma fari-fari, laushi kamar tsokar kifi. Da ya gaji ya zauna yana kallon gorar, ya ce rabonta da ta daki abin da ba ya ihu har ya manta.

Da farko mun gwada babu yauƙi, saboda shi. Abin ya ƙi. Zaren ya riƙa dunƙulewa a ƙasan baho, in ka ɗago rariya sai ka ga guda-guda kamar kunun da bai damu ba. Dole na sayo ɗanyar kuɓewa, na daddaka, na jiƙa, na tace da tsumma. Na ce masa ya matsa can, wannan ɓangaren nawa ne. Ya koma bakin rijiya ya tsuguna. Yauƙin ya yi aikinsa, zaren ya baje a ruwa yana yawo a hankali. Amma hannuna ba shi da natsuwa. Rariyar, wadda muka yi da katako da gidan sauro, tana so a tsoma ta a ɗago a daidaice, a girgiza kaɗan. Tawa kullum sai ta karkata, gefe guda ya yi kauri gefe guda ya huje. Na yi ta zagin rariya, na zagi kafintan da ya haɗa ta, na zagi Japan gaba ɗaya.

Ban ji tasowarsa ba. Sai dai na ga ya naɗe hannun riga, ya ture ni da kafaɗa, ya cusa hannayensa biyu cikin bahon har gwiwar hannu. Inna tana tankaɗe a ƙofar ɗaki, ta saki rariyarta ta ɗora hannu a ka tana salati. Ni kaina da nake cewa tauri camfi ne, sai da gabana ya faɗi. Ya ɗago hannu, yauƙi na zarara daga yatsunsa kamar igiya. Ya ɗauki rariyar ya tsoma, ya ɗago, ya girgiza. Takarda ta kwanta sumul, babu kauri babu huji, tun a karon farko. Wannan hannun da ya saba karya ƙashi, ashe ko kaɗan ba ya rawa.

"Yaya," ya ce, "je ka aro kyamara."

Akwai wani shafin intanet da na taɓa nuna masa, na masu sana'ar hannu daga ko'ina a duniya. Kana ɗora hoton aikinka, ka rubuta bayani a ƙasa, sai na'urar shafin ta karanta abin da ka rubuta ta jefa ka rukunin da ta ga ya dace: saƙa, ko sassaƙa, ko jima, ko girki. Na zaci hoton takardar yake so. Ya ce a'a, shi za a ɗauka, fuskarsa a fili, hannu cikin baho, ga kwandon kuɓewa a gefe. Nan na gane inda ya dosa. Tun da uban daba ya ce muddin ƙarfe ba ya cin ka kai nasu ne, to shi zai nuna wa duniya taurinsa ya karye.

"Kashe ka za su yi," na ce.

"In na zauna ma haka ne. Ɗauka kawai."

Ɗora hoton nan ya ci mana rabin wuni. Shafin ya ce fayil ɗin ya yi nauyi, na rage shi. Ya ce ba irin wanda yake karɓa ba ne, na sauya. Aka fara, ɗan layin nan mai nuna tafiyar aiki yana jan ciki, ya kusa kaiwa ƙarshe aka ɗauke wuta. Na tayar da janareta, muka koma farko. Auta na tsaye a bayana, ɗalibai duk sun matsa gefe sun ba shi fili. Bayanin kuwa da ɗan Turancina na rubuta: a dafa da toka, a daka kuɓewa, a jiƙa, a tace, a zuba a baho. Da hoton ya shiga, na'urar ta yi ɗan tunaninta, sai ta ɗauki ƙanena, dodon gindin gada, ta ajiye shi a rukunin girke-girke, tsakanin wata mata mai gasa burodi da wani mai miyar kifi.

Raina ya ɓaci, na daki tebur har madannai suka yi tsalle. Na ce wace irin jakar na'ura ce wannan, ta ga kuɓewa kawai ta yanke hukunci. Na kai hannu zan goge. Wani ɗalibi da ya leƙo ya kasa riƙe dariya, ta kufce masa, sannan ya tuna gaban wa yake, ya toshe baki. Auta ya dubi ɗalibin, ya dubi allon kwamfutar, ya tambayi me aka rubuta a saman hotonsa. Na faɗa masa. Sai ya riƙe mini hannu.

"Bar shi haka. Ya fi ma. Buga mini da yawa."

Shi da kansa ya dama kanwa da fulawa, ya bi tasha da bakin kasuwa yana manna hotunan, wasu ma a kan fuskar ɗan takararsu. Kafin magariba duk gari ya ɗauka: ɗan tauri ya koma miyar kuɓewa, har Turawa sun sa shi a layin masu girki. 'Yan acaɓa suna ta ƙyaƙyatawa. Washegari muka tashi muka tarar an watsa mana kuɓewa a ƙofar gida. Inna ta ɗauki tsintsiya ta share.

Bayan la'asar suka zo. Na ji su tun daga nesa, ana kaɗa ganga, ana jan adda a ƙasa. Suka cika ƙofar gidanmu, jama'ar unguwa suka taru a bayansu. Auta ya fito babu gora, hannunsa ma da danshin aiki. Uban daba ya gaishe ni da ladabi, ya tambayi Inna, ya tambayi iyali, har da ya gajiya. Sannan ya zaro ɗaya daga cikin hotunan daga aljihu ya ɗaga sama.

"Jama'a, kun ga wannan? Haɗin kwamfuta ne. Malam ne ya haɗa a shagonsa don ya ɓata mana yaro." Ya nuna ni da haɓa. "Yaronmu yana nan daram. Ko ba haka ba?"

"Maigida, ba haɗi ba ne," in ji Auta. "Na taɓa. Kullum ma ina taɓawa. Na karye."

"To ai ba a musu. Miƙo hannu."

A nan na fahimci abin da ban lissafa ba. Mutumin nan ba fansa ya zo ɗauka ba, kayansa ya zo karɓa. Sunan Auta kaɗai yana watsa taro, ba zai yarda ya rasa shi ana gab da zaɓe ba. Ya zare wuƙa, ya nuna wa mutane kaifinta a kan wani kara, ya kama damtsen Auta ya fara gurzawa. Ina kusa, na ga yadda ya kwantar da ita, yana ja da ƙarfi a ido amma bakin bai zauna a fata ba. Ko taurin ne bai karye ba, ko iya hannu ne, ni dai ban rantse ba. Abin da na sani, ya gurza ya gurza, ya ɗaga, babu ko ɗigon jini. Ganga ta ɓarke, yaran suka hau ihu suna buga adda da adda.

"Kun gani?" in ji uban daba yana murmushi. "Gobe akwai taro a Lajawa. Ɗauko gorarka."

Na dubi fuskar ƙanena. Tun yana yaro ban ga tsoro a cikinta ba sai ranar. Duk abin da ya yi, dariyar da ya jawo wa kansa, ya tashi a banza. Uban daba bai riga ya mayar da wuƙar kube ba, tana hannunsa a sake. Sai Auta ya kai hannun dama ya damƙe ruwan wuƙar, ya matse iya ƙarfinsa, ƙarfin nan da na sani, ya fizge.

Gangar ce ta fara yin shiru. Jini ya yi tsartuwa ya ɓata wa uban daba farar riga har wuya. Auta ya buɗe tafin ya ɗaga sama yana juyawa don na baya ma su gani. Naman ya rabe, ana hango fari a ciki, jini na bin hannun yana ɗiga ta gwiwar hannu.

"Ga shi nan," ya ce. "Ya ci."

Murmushin ya ɗauke. Uban daba ya kwaɗa masa mari, yaran suka rufe shi. Waɗanda jiya in ya yi tari suke miƙewa, su ne suka fi zaƙewa, da ƙafa, da ƙotar adda, a ciki, a baya, a ka. Bai rama ba, ya dunƙule kawai ya rungume hannun. Na faɗa cikinsu ina zagi, ban san ma me nake faɗa ba, wani ya ba ni gwiwar hannu a baki na ji haƙori ya tafi. Inna ta fito babu mayafi tana kururuwa, ta faɗa a kan ɗanta. Wannan ne ya sa suka ja baya. Wani ya shiga gidan ya fito da gorar, suka ɗora a dakali suka sassare ta da adda. Uban daba ya goge wuƙarsa a rigar Auta, ya tofa masa yawu.

"Ku ƙyale shi. Nama ne."

Suka juya suka tafi, ba wanda ya waiwayo. Kuma ba su sake zuwa ba, ko a zaɓen nan ko a na bayansa. In sun gamu da shi a hanya ma tsallakawa suke yi, kada karyewar ta shafe su.

Ni na naɗe hannun da rawanin wani maƙwabci, muka sa shi a tsakiya a kan acaɓa zuwa asibiti. Likita ya ɗinke abin da zai ɗinku, sannan ya kira ni gefe ya ce jijiyoyin sun tsinke, yatsun nan ba za su sake lanƙwasuwa ba. Ba zai riƙe fartanya ba, ba zai riƙe rariya ba. Takardar da ya ɗago a 'yan kwanakin nan ita ce ta farko, ita ce ta ƙarshe. Na tsaya a barandar asibitin na yi kuka kamar ƙaramin yaro, bakina a kumbure, sannan kukan ya juye ya zama fushi, kamar yadda nawa ya saba. Na koma ɗakin na same shi kwance, ido ɗaya a rufe, hannu a naɗe kamar kan jariri.

"Kai wane irin dabba ne?" na ce. "In ma yankawar za ka yi, ba ga hagu nan ba? Da wanne za ka ci abinci? Da wanne za ka yi sana'a? Sai ka ɗauki na dama, don ba ka da hankali?"

Ya buɗe idon da ya rage ya dube ni.

"Yaya," ya ce, "ai ba da hagu nake riƙe musu gora ba."